Lambar da Ke Ƙasan Takardata

Fatima, Sadiƙu, Amira, ku ukun nan da labarin kwalba kuka tashi. Kun san shi kamar yadda kuka san sunan kakanku: wai ina saurayi a shagon Yaya Lawan a Kano, da azumi, aka kira magariba na rarumi wata kwalba ina zaton ruwa ne, abin da ke ciki ya ƙone mini maƙogwaro. Wai shi ya sa Abbanku ba ya cin tsire, shi ya sa Ummanku ta kashe injin markaɗe ban san iyaka ba. To labarin ƙarya ne. Na san abin da ke cikin kwalbar, kuma da gangan na sha, don a lokacin ba na son in ƙara kwana a duniya. Wannan tsakanina da Ubangijina ne, na tuba, ina fatan Ya karɓa. Abin da ya sa na ɗauki biro yanzu da gashina ya yi fari shi ne ƙarya ta biyu, wadda na ɗora a kan ta farko, domin ita a kan mutum na ɗora ta. Kun san matar. Ita ce kuke kira Anti Dakta.

Ina da shekara ashirin da huɗu Inna ta rasu. Bayan an share makoki kowa ya koma harkarsa, ni kuwa wani abu ya zauna mini a ƙirji ya ƙi tashi. Ba barci, ba ɗanɗanon abinci, in ana yi mini magana sai in ji kamar daga bayan katanga ake yi. Wasu suka ce iska ce, aka yi ta turare. Wasu suka ce zaman banza ne, a nema mini mata. Babu wanda ya zaunar da ni ya ce, Habibu, me ke damunka? Ranar da na yi abin da na yi, Yaya Lawan ne ya same ni, shi ya saɓa ni a kafaɗa zuwa asibiti, kuma ba don shi ba da babu ku. Ba zan faɗi abin da na sha ba, saninsa ba zai amfane ku da komai ba. Da na farfaɗo ya sunkuyo daidai kunnena.

"Daga yau kuskure ne, ka ji ko? Ruwa ka zata. Ni ne na ajiye kwalbar a inda bai kamata ba."

Haka ya ɗauki laifin ya aza wa kansa. Dangi suka yi ta zaginsa da sakaci, ya haɗiye. Bai taɓa yi mini gori ba, bai kuma taɓa tambayata dalili ba, ko sau ɗaya. Na warke, sai dai hanyar abincina ta tsuke, lokaci lokaci sai an sa ƙarfe an buɗa ta. Na auri Ummanku da wannan labari, na haife ku da shi, na hau jirgi da shi zuwa Guangzhou ta ƙasar Sin lokacin da 'yan kasuwar Kano suka fara neman wanda zai zauna musu a nan ya riƙa duba kaya kafin a loda. Na kama ofis a saman wani bene a Huanshi Lu, muka zauna a Xiaobei. Garin ma ya dace da maƙogwarona, don mutanensa da kunun shinkafa suke karyawa. Yarensu kuwa na kasuwa kawai na iya: nawa ne, ya yi tsada, lawban, wato mai shago, rage mini. In aka wuce nan sai in koma kurma.

Shekarar da nake son ba ku labari, Fatima tana da shekara sha biyar. Maƙogwaron ya matsa mini har kunu ma dawowa yake yi. Lokacin baje kolin Pazhou ne na farkon shekara, gida cike da baƙi daga Kano, ni kuma ina ramewa a gabansu. Ummanku ce ta hau sama ta kira Dakta Zainabu, wato Anti Daktarku. Mutuniyar Damagaram ce, cikakkiyar likita a ƙasarsu, ta zo ƙaro karatu. Mijinta ya rasu, ta bar ɗanta ɗaya wurin mahaifiyarta. A benen da muke zaune take, hawa ɗaya a samanmu. Duk matar da za ta awo, duk Alhajin da hawan jini ya kayar, ita ake kira ta raka shi ta yi tafinta. Ba ta taɓa yanka wa kowa farashi ba, tukuici ne ake ba ta, da shi take riƙe yaron can gida. Muna tsokanarta da cewa Hausarta rabi Faransanci ce, komai dosiye, komai randebu, ita kuma ta ce mu Kanawa mun sayar da rabin tamu wa Turanci mun karɓi canji.

Ba zan ambaci sunan asibitin ba, don ba su yi mini laifin komai ba. Likitar wata dattijuwa ce mai tabarau. Bayan an zura mini na'ura an ga abin da ke ciki, ta daɗe tana kallon hoton, sannan ta yi magana a hankali. Zainabu ta juyo.

"Alhaji, tana tambaya, abin nan da ka sha, kuskure ne ko da gangan?"

Shekara ashirin da shida ke nan babu wanda ya yi mini wannan tambaya. Likitocin gida labarin Yaya suke karɓa su rubuta. Wannan kuwa ta tambaya kamar mai tambayar ƙarfe nawa, babu tuhuma a idonta. Na dubi ɗakin, na ga ba wanda ya san ubana, ba wanda ya san unguwarmu. Sai na ji bakina ya riga ni.

"Da gangan ne."

Zainabu ba ta fassara ba. Sai ta rage murya.

"Alhaji, ka yi tunani. In na faɗa mata rubutawa za ta yi. A nan kowace cuta da lambarta, har sanadin cutar ma da tasa."

"Da wane rubutu za ta rubuta?"

"Da nasu mana."

"To wa zai karanta? Faɗa mata."

Ku lura da wannan, don shi ne ƙashin maganar: ta gargaɗe ni, ni na ce ta faɗa. A zatona duk abin da aka rubuta da wannan rubutu nasu mai kama da tsinken tsintsiya an binne shi ke nan. Likitar ta gyaɗa kai, ta tambaya ko tunanin yana dawo mini. Na ce wani sa'in yana leƙowa. Ta rubuta sunan wani abokin aikinta mai duba damuwar zuciya a 'yar takarda ta miƙo mini, ta ce ba abin kunya ba ne. Aka yi mini aikin washegari. Na fito daga asibitin nan ina jin kamar an sauke mini buhun siminti daga ka, har na sha kunu kofi biyu a hanya.

Abin da ban sani ba, akwai wani ofis a asibitin inda ma'aikata ke zaune suna mayar da rubutun likita zuwa lambobi, saboda kamfanin inshora ba ya karanta labari, lamba yake karantawa. Tawa guda biyu ce. Ta farko tana cewa hanyar abinci ta tsuke. Ta biyu, a can ƙasan takarda, harafin Y ne, da takwas, da bakwai, da ɗigo, da sifili. Ma'anarta: lahanin da ya biyo baya ga wanda ya taɓa cutar da kansa da gangan. Ba ta cewa yaushe. Ba ta cewa yaro ne ɗan ashirin da huɗu da uwarsa ta mutu, ba ta cewa ya tuba, ya yi aure, ya je Makka. Kuma a duk faɗin takardar nan, ita da 'yar uwarta ne kaɗai ba da rubutun Sin ba. Kamfanin inshora ya gani, ya ce irin wannan ba ya cikin yarjejeniya. Saƙonsu ma da yarensu ya zo, ban gane ba, na dai gane sun ƙi.

Kun san yadda muke dubiya. A cika falo, a kawo lemo da ayaba, a tambayi me likita ya ce, sai a ɗauko takardar asibiti ta zagaya hannu hannu, kowa ya ƙura mata ido yana gyaɗa kai alhali ko harafi ɗaya bai sani ba. Sau nawa ni ma na yi wa wasu haka. Ranar Lahadi da la'asar falonmu ya cika. Akwai Alhaji Isaka, mutumin zangon Kumasi mai aika kaya ta ruwa, shi ne shugaban ƙungiyarmu a lokacin, mutum mai son a ga ya tsaya wa jama'a. Da ya ji inshora sun ƙi sai ya hasala.

"Mutanen nan haka suke yi wa baƙi. Kawo takarda, Alhaji, ni zan bi maka shi."

Da hannuna na miƙa masa. Ya ɗauki hotonta ya tura zauren ƙungiya na waya, ya ce ɗalibai su duba mana me ya sa aka ƙi. Ba a yi minti biyar ba wani ya nemo lambar ya manna ma'anarta da Turanci. Alhaji Isaka ya ankara ya janye saƙon, amma an riga an gani. Ina kwance a kujera na ga wayoyi suna ƙara ɗaya bayan ɗaya, kowa ya duba tasa sai ya koma kallon silin. Hira ta mutu. Aka fara Allah Ya ƙara sauƙi, Allah Ya ƙara sauƙi, ana neman takalma. Alhaji Isaka ya ajiye takardar a kan tebur a hankali kamar za ta ƙone shi. Da aka watse Ummanku ta fito daga kicin da wayarta a hannu.

"Abban Fatima, wace magana ce wannan?"

"Ni ma ban sani ba."

Da safe Yaya Lawan ya kira daga Kano, don baƙin baje koli sun riga sun isar masa. Bai tambayi jikina ba.

"Wa ya shiga da kai wurin likita?"

"Wata likita ce 'yar Nijar, maƙwabciyarmu."

"To shi ke nan, ita ce ta yi kuskure. Shekara ashirin da shida ana zagina a kan kwalbar nan ban buɗe baki ba, ba za ka zo yau ka mai da ni maƙaryaci ba. Kana da 'ya'ya mata biyu. Ka san abin da za a ce ranar da aka zo binciken aure. Kuma wa zai bar maka kwantenarsa in an ce kanka ba daidai yake ba?"

Na sha cewa a raina Yaya ne ya sa ni. Ba gaskiya ba ne. Kafin ya kira na riga na yi wannan tunanin, shi dai ya furta ne. Ranar Juma'a bayan an sauko, a gidan abincin da muke taruwa, na jira aka zauna sannan na ce, ni fa na gaya wa Dakta kuskure ne, ban san abin da ta faɗa wa likita ba. Shi ke nan abin da na ce. Ku ga yadda fuskoki suka washe. Alhaji Isaka ya buga tebur ya ce ai shi dama ya san Alhaji Habibu mai sahun gaba ba zai yi haka ba. Wani ya ce karatun Faransanci ne ya ruɗa ta. Wani ya ce shi ma ya daɗe yana zarginta. Har yau in na tuna wurin nan raina ɓaci yake yi. Mutum ashirin, mun yi salla tare, mun ci tare shekaru, kwana biyar suna ɗauke da wannan labari, babu ɗaya da ya zo ya ce, Alhaji, in ma gaskiya ne, yanzu yaya zuciyarka? Jira suke in ba su ƙarya su huta, na ba su, suka karɓa da hannu biyu.

Daga makon nan wayar Zainabu ta daina ƙara. Mata suka koma neman wasu ɗalibai su raka su awo, ko da kuwa ba likitanci suke karantawa ba. Aka ce ta so ta kashe wa bawan Allah suna. Aka ce wa ya san abin da take gaya wa likitoci a kan matan mutane. Tukuici ya tsaya cak. Kalma ɗaya za ta faɗa ta wanke kanta, likitar ma tana nan da rai za ta shaida. Ba ta faɗa ba. Na zauna ina jiran ranar da za ta tona ni, har na shirya abin da zan ce, ranar ba ta zo ba.

Ni kuma rashin kunya bai ishe ni ba, sai na koma asibiti in sa a goge lambar. Ma'aikaciyar da ke bayan gilashi ta duba kwamfuta ta ce meyo, wato babu, kalmar da nake ji kullum a kasuwa in kaya sun ƙare. Da aka samo mai jin Turanci ya bayyana mini cewa ba su ke ƙirƙirar lamba ba, abin da likita ta rubuta suke bi, likita kuma ba za ta canza ba sai tafinta ta rubuta cewa ta yi kuskure ta sa hannu. Na tare Zainabu a bakin tashar jirgin ƙasa ta Xiaobei da rana tsaka, tana dawowa daga makaranta. Ta rame. Ta gaishe ni kamar kullum, har da rusunawa. Na miƙa mata takardar da na sa aka rubuta. Ta karanta har ƙarshe ta mayar mini.

"Alhaji, shiru zan iya yi maka, kuma ina yi. Ƙarya ce ba zan iya ba."

"Dakta, ki rufa mini asiri. Ina da iyali."

"Ni ma ina da ɗa, Alhaji."

Ta gyara jakarta za ta wuce, sai ta tsaya.

"Ka je wurin likitan nan da ta rubuta maka?"

Na ce ban je ba. Ta ce in daure in je, abin nan ciwo ne kamar na maƙogwaron, kuma yana jin magani. Matar da na zubar wa mutunci a gaban jama'a ke nan, tana tsaye a rana tana tambayar lafiyar zuciyata. Na koma gida ina jin haushinta, don da ta zage ni da na fi samun sauƙi.

Fatima, yanzu ke. Akwai wata Asabar da safe da kika haɗu da ita a matakala. Ta ce, 'yata, ina kwana, ya karatu? Ke da kike zama a ɗakinta tana koya miki lissafi, tana yi miki kitso. Kika ɗauke kai kika ce, ni ba na gaisawa da maƙaryata. Na san kin tuna. Abin da ba ki sani ba, ina tsaye a bayan ƙofarmu, a buɗe take kaɗan, hannuna a kan mariƙi. Na ji komai. Na ji takunta tana hawa sama a hankali. Kika shigo kina huci kina jiran in yaba miki, na ce ki je ki karya. Ba laifinki ba ne, uba kika kare. Ni na sa wannan kalma a bakinki.

Ta ƙarasa karatunta da ƙyar ta koma Damagaram. Babu wanda ya yi mata walima, babu wanda ya raka ta filin jirgi sai Ummanku, wadda ta ce ita dai sun ci gishirin juna. Jama'a suka ci gaba da ba ni kwantenoninsu, aka yi aurenku babu wanda ya ɗaga maganar, Yaya Lawan ya rasu da labarinsa a tsaye. Duk abin da na yi ƙaryar don in tsare, na tsare shi. Lambar kuwa ba ta je ko'ina ba. Duk sanda aka buɗa mini maƙogwaro aka miƙo takarda, tana nan a ƙasa inda take. A garin nan kaf, ita da Zainabu ne kawai ba su yi ƙarya a kaina ba. Daga baya na je wurin likitan nan, a ɓoye, kuma ya taimake ni. Shi ya sa nake gaya muku, in ɗayanku ya ji irin wannan nauyin a ƙirji, ya faɗa, ya nemi likita, kada ya jira a tambaye shi, don mutanenmu ba sa tambaya.

Ummanku sai bara na gaya mata. Tana tsaye tana tace mini miya. Na zata za ta yi kuka, ko ta ce na cuce ta da na aure ta a kan ƙarya. Ta gama tacewar, ta wanke rariyar, sannan ta juyo.

"Abin da ka sha kana yaro, da ka gaya mini tun farko da na riƙe maka shi. Amma baiwar Allah nan fa? A filin jirgi sai da na ce mata ta nemi gafararka. Ta ce to, Anti."

Kwana uku ba ta yi mini magana ba, abinci dai tana markaɗawa ta ajiye. A na huɗu ta sayo littafin nan da nake rubutu a ciki ta ɗora mini a cinya. Na aika wa Zainabu wasiƙa ta hannun wani ɗan garinsu, na faɗi komai, na roƙe ta. Ya tabbatar mini ta karɓa. Amsa ba ta zo ba, kuma ba dole ba ne ta zo. Waɗanda na yi ƙaryar a gabansu sun watse, wasu suna Kumasi, wasu Kano, wasu suna ƙasa, ba zan iya sake tara su a tebur ɗaya ba. Ku kaɗai kuka rage mini. Na maƙala takardar asibitin a bayan wannan shafi, ku duba ƙasanta ku nemi ma'anar da kanku, kamar yadda aka yi a falonmu. Duk wanda ya sake ba ku labarin kwalba, ko ya ambaci likitar Nijar da ta kusa ɓata wa ubanku suna, ku gaya masa ba haka aka yi ba. Fatima, ke za ki fara, tunda ke aka sa kika faɗa mata a fuska. An tambaye ni, na amsa, ta ce in yi tunani, na ce ta faɗa. Abin da na ce shi ta fassara, ba ta ƙara ko kalma ɗaya ba.